Damari: Sharhi a kan Abin da Aka Rubuta Game da Rabuwar Ƙasar Birnin Gwari, 2012 zuwa 2024

Nufin wannan takarda shi ne a duba rubuce-rubucen da suka taru game da fitinar da ta auku a ƙasar Birnin Gwari tun daga 2012 har zuwa sulhun 2024, a auna su, a ga ko za su isa a gina tarihin gari guda a kansu. Garin da aka zaɓa shi ne Damari, a mazaɓar Kazage, can gabashin ƙasar. Dalilin zaɓensa kuwa, a nan ne rabuwar ta fito fili ƙwarai, har ya zama a cikin shekarar 2022 kaɗai mutanen garin sun ɗanɗani iko iri uku: na Gwamnati, wanda sunansa kawai ya rage, da na ƙungiyar Ansaru, da na 'yan bindigan daji. Malamin da zai tsaya gaban ɗalibai nan gaba ya karantar da wannan zamani, daga waɗannan takardu zai ɗebo abin faɗi, saboda haka ya kamata a san nauyinsu tun yanzu.

Ƙaramar Hukumar Birnin Gwari ta fi murabba'in kilomita 6,000, mutanenta kuwa sun ɗara 250,000 a ƙidayar 2006, an kasa su mazaɓa 11. Ta yi iyaka da Zamfara da Katsina da Neja, amma dajinta bai san iyaka ba. Kamuku da Kuduru da Kuyambana kusan a haɗe su ke, mai babur ya kan shiga ta wannan jiha ya ɓulla ta waccan. Kamuku dai tun 1936 En'e ta killace shi, sa'an nan aka mai da shi gandun daji na ƙasa a 1999. Ƙasa ce ta hatsi da shanu, akwai kuma zinariya. Zamanta a bakin iyaka ba sabon abu ba ne. Baturen nan Clapperton ya ratsa ta a 1826, ya kuwa rubuta cewa a dā tana cikin ƙasar Katsina, kuma a lokacin da ya iso tana cikin garuruwan da suka yi wa Sakkwato tawaye. A ƙarshen wannan ƙarni mayaƙan Ibrahim Nagwamatse na Kwantagora suka addabe ta da hari. Da Turawa suka daidaita mulkinsu, sai ta ƙare a Lardin Zazzau, amma da En'e tata, ba a ƙarƙashin Sarkin Zazzau ba. Watau ta daɗe tana nesa da kowace fada, duk wanda ya mallake ta daga nesa ya ke kallonta. Masu rubutu ma haka.

Ga abin da ya tabbata a taƙaice. A watan Oktoba 2012 aka kashe mutum fiye da 20 a Dogon Dawa, da yawansu a bakin masallaci da asuba, aka ce ramuwa ce ta ɓarayi a kan 'yan banga. A watan Maris 2018 aka kashe soja 11 a Kamfanin Doka, a watan Mayu kuma aka halaka mutum aƙalla 45 a Gwaska. A watan Fabrairu 2020 'yan sanda suka kai farmaki dajin Kuduru, suka ce sansanin Ansaru suka tarwatsa. Ita Ansaru ƙungiya ce da ta ɓalle daga Boko Haram ta bayyana kanta a farkon 2012, ta yi shiru shekaru, sa'an nan ta sake ɓullowa a wannan daji. Zuwa 2022 mutanenta suna shiga ƙauyukan gabas a fili, suna wa'azi, suna raba takardu, suna auren 'yan matan ƙasar, suna kuma tare wa manoma 'yan bindiga. A watan Yuli na shekarar aka gwabza tsakaninsu da 'yan bindiga a cikin Damari. Ba a daɗe ba suka janye, 'yan bindiga suka shigo, gari ya watse. A ƙarshen wannan wata Gwamna Nasiru el-Rufa'i ya rubuta wa Shugaban Ƙasa cewa ana kafa wata gwamnati dabam a gabashin Birnin Gwari. A ƙarshen Nuwamba 2024 Gwamna Uba Sani ya je Birnin Gwari ya karɓi waɗanda aka ce sun ajiye makamai, ya buɗe karar shanu wadda ta yi shekaru a rufe. A watan Agusta 2025 kuma Gwamnatin Tarayya ta ba da sanarwar kama manyan shugabannin Ansaru biyu.

Tun a wajen suna gardama ta ke farawa. Shin wannan basasa ce? Bahaushe ya ba yaƙi biyu wannan suna: na Kano, 1893 zuwa 1895, da na Nijeriya, 1967 zuwa 1970. Akwai masu danganta kalmar da Yaƙin Basusa na Larabawan jahiliyya, wanda aka yi tsakanin Bakru da Taglibu, 'yan'uwan juna, aka ce a kan taguwa ɗaya ya tashi, ya yi shekara 40. In haka ne, to, ainihin ma'anar kalmar shi ne yaƙin mutanen da suka san juna, ba sai an yi jayayyar gadon sarauta ba. A Birnin Gwari babu tuta biyu, babu sarki biyu, hukuma kuma ba ta taɓa kiransa yaƙi ba. Amma manomi da makiyayin da suka yi shekaru suna cin kasuwa ɗaya, wannan ya san gonar wancan, wancan ya san rugar wannan, su ne suka koma suna farautar juna, ɗaya da sunan sa-kai, ɗaya da sunan ramuwa. Ta wannan fuska kalmar ta zauna daidai, ko da ya ke ba za ta rufe kome da kome ba, domin mai sace mutum ya nemi fansa ba ya tambayar ko Bahaushe ne ko Bafillace, Fulani da yawa ma su aka fara kwashe wa shanu.

Sunayen da aka yi ta ba mutanen daji su kansu tarihi ne, in an jera su bi da bi. Da farko ɓarayin shanu ne, sai suka zama 'yan fashi, sai 'yan bindiga, sai wata babbar kotu a Abuja ta ce 'yan ta'adda ne a watan Nuwamba 2021, sa'an nan a 2024 wasunsu suka zama tubabbu. Mutumin na iya zama guda, suna ne ya ke sakewa bisa ga abin da hukuma ta ke nufin yi da shi. Kalmomin ƙauye sun fi waɗannan amfani ga mai tarihi. Kuɗin da a ke tara wa mutanen daji kafin a yi shuka ko girbi, haraji a ke ce musu. Yarjejeniyar da gari ya ke ƙullawa da wani mai daji don a bar shi ya yi noma, sulhu a ke ce mata, tun kafin Gwamnati ta yi nata sulhun. Wanda ya ce ya biya haraji ya riga ya faɗi wanda ke mulkinsa. Abin baƙin ciki, yawancin takardun da za a duba a nan da Turanci aka rubuta su, kuma a cikin juyawa irin waɗannan kalmomi su ne su ke fara zubewa.

Kafin a zo kansu, yana da kyau a waiwayi basasar Kano, domin a ga abin da ke samun ƙauye in an bar tarihinsa a hannun birni. Labarin sananne ne. Sarki Bello ya rasu a 1893, Sarkin Musulmi Abdurrahman ya sa aka naɗa ɗansa Tukur, 'ya'yan Abdullahi Maje Karofi suka ƙi, suka fita zuwa Takai da Yusufu a gaba. Yusufu ya rasu a Garko, Aliyu Babba ya gaje shi, ya ci birni a 1894, aka ƙare da Tukur a Tafashiya a 1895. Alhaji Abubakar Dokaji ya kawo labarin a cikin Kano Ta Dabo Cigari a 1958, da Hausa mai daɗi, amma bisa tsarin sarki bayan sarki, saboda haka ƙauye ba ya fitowa sai in runduna ta sauka a ƙofarsa. Littafin Adamu Fika na 1978 ya zurfafa ƙwarai, ya bi asalin gabar tun daga tuɓe-tuɓen da Bello ya yi wa 'ya'yan ɗan'uwansa, ya kuma nuna garuruwan da suka bi kowane ɓangare. M. G. Smith, a littafinsa na 1997 a kan mulkin Kano, ya bi muƙamai da zuriyoyi ɗaya bayan ɗaya da haƙurin da ba kowa ke da shi ba. Duk da haka, a wajensu gari shi ne sarkinsa ko dagacinsa. In an ce gari kaza ya bi Yusufawa, mai karatu ba ya jin gardamar da aka yi a zaure kafin a buɗe ƙofa, ko abin da ya sami gidan da ya ce kada a buɗe. Ba laifinsu ba ne duka. Sa'ad da suka zo tambaya, shaidun gani sun kusa ƙarewa, ga shi kuma tun 1894 duk wanda ya hau gadon Dabo daga zuriyar Maje Karofi ya fito, bakin Tukurawa kuwa ya daɗe da yin nauyi.

Abin da ya rage na muryar talaka daga wancan zamani, a wani littafi dabam a ke samunsa, wanda ba don tarihi aka yi shi ba. A 1949 da 1950 Mary Smith ta zauna da wata tsohuwa, Baba ta Karo, a Giwa da Zariya, ta rubuta labarin rayuwarta, aka buga shi a 1954. Giwa kuwa maƙwabciyar Birnin Gwari ce. A ciki Baba ta ba da labarin harin mutanen Mai Sudan, da yadda a ke gudu daga rinji a shiga gari mai ganuwa, da yadda dangi su ke tara wuri su je su fanso waɗanda aka kama. Wanda ya karanta waɗannan shafuffuka, sa'an nan ya saurari mutumin gabashin Birnin Gwari, sai tsigar jikinsa ta tashi, don kalmar fansa ba ta sake ba, wuri ne kawai ya koma naira. Darasin da ke ciki ga mai bincike shi ne, mace guda da aka zauna da ita makonni ta adana abin da littattafan fada uku ba su adana ba.

To, me aka tara game da Damari? Kashi na farko shi ne rahotannin Gwamnatin Jihar Kaduna. Ma'aikatar tsaron cikin gida da aka kafa a 2019 ta riƙa fid da lissafi wata uku-uku da kuma na shekara. Ta ce a 2020 an kashe mutum 937 an sace 1,972 a jihar. A 2021 an kashe 1,192 an sace 3,348. A 2022 an kashe 1,052 an sace 4,227. Wannan abin yabo ne, don ba kowace hukuma ke yarda ta ƙirga asararta a bainar jama'a ba, kuma ko daga waɗannan lambobi kaɗai a na iya ganin yadda satar mutane ta ninka fiye da sau biyu alhali kisa bai yi irin wannan hawa ba, watau abin yana komawa ciniki. Amma jadawalin a kan ƙaramar hukuma ya ke tsayawa. Kuma abin da ya iso kunnen jami'an tsaro shi a ke ƙirgawa. Garin da ya fita daga hannun hukuma, ya daina kai ƙara, a takarda sai ya yi kama da garin da ya zauna lafiya. Har wa yau, daga ƙarshen Satumba zuwa Nuwamba 2021 an toshe hanyar waya a wannan yanki, saboda haka labarin waɗannan watanni ya fi na sauran ƙaranci. Lambobin da a ke bayarwa bayan farmaki kuwa sai a riƙe su da hannu biyu. 'Yan sanda sun ce sun kashe mutum 250 a Kuduru a 2020. Shekara biyu bayan haka ƙungiyar da aka ce an karya tana hawan salla a kan babura a ƙauyukan gabas.

Kashi na biyu ya fi wannan daraja nesa, shi ne sanarwoyin Ƙungiyar Ci Gaban Masarautar Birnin Gwari, wadda a ke kira BEPU. Ba don su ba, da wuya sunan Damari ya fita daga dajin. Su ne suka riƙa faɗin rana da wuri, suna kiran ƙauyuka da sunayensu, Kuyello, Tabanni, Kutemeshi, Kazage, har da ƙananan unguwannin da babu su a taswira. Su ne suka ba da labarin auren da 'yan Ansaru su ke ƙullawa, da hana siyasa da suka yi a tsakiyar 2022, har aka doki wani ɗan acaɓa saboda hoton ɗan takara da ya liƙa a babur ɗinsa. Masu rubuta su 'yan ƙasa ne, kuma sun sa wuyansu cikin haɗari. Duk mai tarihin da zai zo, daga nan zai fara.

Sai dai lalle ya tuna da abu uku. Na ɗaya, kuka ne a ke kai wa hukuma, ba tarihi a ke rubutawa ba. Mai kai kuka kuwa tilas ya nuna mutanensa baki ɗaya su ke, duk an zalunce su, babu mai hannu a ciki. Na biyu, maganar ta bi hannu da yawa. Manomi ya faɗa da Hausa ta waya, ɗan boko ya mai da ita Turanci, ɗan jarida ya gutsure ta, sa'an nan gidan rediyo ya sake mai da ita Hausa da maraice, ta dawo wa mai ita da wata riga. A wannan tafiya ne haraji ya ke zama kuɗin ƙwace kawai, sulhu ya ɓace gaba ɗaya, don ba abin da za a faɗa wa Gwamna ba ne. Na uku, murya ce ta gari. Ruga ba ta da sakatare. Makiyayin da aka kashe masa ɗa a hanyar kasuwa don kamanninsa, ko aka kwashe masa garke, ba ya fitowa a irin waɗannan takardu sai bayan ya zama mutumin daji, a sa'an nan kuwa ba shi da suna. Haka nan maganar da wani mai sarautar ƙasar ya yi a 2022, cewa manoma sun biya naira miliyan 400 cikin shekara biyu. Jaridu sun ɗauke ta sun yi ta maimaitawa, amma jimla ce. Abin da tarihi ke bukata shi ne yadda aka raba nauyin a cikin gari guda: wa ya yanka wa kowane gida, wa ya karɓa, wa ya kai, da abin da aka yi wa wanda ya ce ba shi da shi.

Duk da haka, a cikin waɗannan sanarwoyi ne ɓarakar ta leƙo, ba da niyyar masu su ba. Takardar da ta ce an mamaye jama'a, ita ce kuma ta ce samari suna shiga ƙungiyar, ana ba ta aure. Mamaya ba ta neman waliyyi. In an ɗaura aure, akwai uban da ya yarda, ko don so ko don tsoro, akwai wanda ya karɓi goro, akwai kuma maƙwabcin da ya ƙi zuwa. A nan tarihin Damari ya ke, kuma nan ne ba wanda ya tsaya.

Kashi na uku shi ne na masana. Dokta Murtala Ahmed Rufa'i na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo ya gabatar da wata takarda a Sakkwato a watan Satumba 2021, bayan shekaru yana bincike, har da zama da 'yan bindigan kansu. Zamfara ce fagensa, amma tun da dajin ɗaya ne, mai nazarin Birnin Gwari ba zai iya tsallake ta ba, kuma ita ce ta fi ba da ƙarfi wajen jin yadda masu bindigar su ke ba da labarin kansu. A watan Janairu 2022 kuma shi da James Barnett da Abdulaziz Abdulaziz suka buga wata maƙala a mujallar wata cibiyar nazarin ta'addanci ta makarantar sojan Amurka. Tambayarsu ita ce ko masu da'awar jihadi sun rinjayi 'yan bindiga, ko kuwa su ne su ke komawa 'yan bindiga. Suka nuna cewa haɗin bai yi ƙarfin da a ke zato ba, kuma Ansaru ta zaɓi ta nemi goyon bayan ƙauyuka ta hanyar tsare su, abin da ya haɗa ta faɗa da mutanen daji. Wata shida bayan haka abin da ya faru a Damari ya gaskata su. Ba ƙaramar nasara ba ce ga mai nazari ya hango abu kafin ya auku. Amma mai karatun da suka nufa jami'i ne mai son sanin wace ƙungiya ta haɗa kai da wace. Saboda haka ƙauye a wajensu fili ne da a ke jayayya a kansa, mutanensa kuwa zukata ne da wani ke ƙoƙarin saye. Masu bindiga su ke da sunaye da dabaru. Mai unguwa, da liman, da sarkin kasuwa, waɗanda kullum su ke yanke shawarar da rai ya rataya a kanta, jama'a kawai a ke kiransu.

Masu tarihi a wasu ƙasashe sun daɗe da gane cewa basasar da a ke gani daga babban birni dabam ta ke da wadda a ke gani daga gunduma. Stathis Kalyvas, a littafinsa na 2006, ya bi ƙauyukan wani lardi a Girka ɗaya bayan ɗaya, a shekarun 1943 da 1944. Ya iske cewa sau da yawa ba ra'ayi ke kawo biyayya ba, wanda ya ke riƙe da gari da dare shi a ke bi, kuma yawancin tsegumin da ya kai mutane ga mutuwa daga tsohuwar gaba tsakanin maƙwabta ya fito, ta gona ko ta aure ko ta bashi. Ba za a ɗauko wannan awo a ɗora wa Birnin Gwari yadda ya ke ba, don shi ya yi magana ne a kan ɓangarori masu son mulki, mutanen daji kuwa da farko dukiya su ke so, ko da ya ke wanda ya fara yanka haraji ya fara mulki ke nan. Amma ya isa ya hana a yi wa Damari hukuncin gaggawa. Mutumin da soja ya yi masa nisa, ɓarawo ya yi masa kusa, sai ga wani da bindiga ya ce je ka gonarka ba abin da zai taɓa ka, in ya tafi gonar ba shaidar aƙida ba ce. Kuma ya biya wannan zama sau biyu, domin hukuma ta dube shi da zargi, mutanen daji kuma da suka sami ƙofa suka huce a kansa. Awon Kalyvas ya kuma sa a yi hattara da kalmar infoma, wadda ta ci rayuka da yawa a wannan yanki ba tare da shari'a ba. Duk inda mai bincike ya ji an ce wane infoma ne, ya kamata ya tambayi abin da ke tsakanin wanen da mai faɗin tun kafin fitina.

Haɗarin da ke gaba iri biyu ne, kuma duk ƙarya ce mai sauƙin koyarwa. Ko dai a rubuta Damari garin Ansaru, yaran da aka haifa can su girma da wannan tabo a makaranta da wajen neman aiki da neman aure. Ko kuwa a rubuta cewa wasu baƙi ne suka zo daga daji suka yi ɓarna suka tafi, ba wanda ya san su. Sulhun 2024 ya fi karkata ga na biyu, don sulhu yana son shiru, kuma wanda ya komo gida ya tarad da wanda ya karɓi fansar matarsa yana sayar da sa a kara, ba zai so a tone magana ba. Wannan shiru yana da dalili, mai tarihi ba shi da ikon raina shi. Amma haka aka yi wa Tukurawa shiru har shaidu suka ƙare.

A Amurka, Edward Ayers da ɗalibansa sun ɗauki gunduma biyu, Agusta a kudu da Faranklin a arewa, suka tara wasiƙu da jaridu da takardun ƙidaya da na coci da na soja na zamanin basasarsu ta 1861 zuwa 1865, har a ke iya bin gida guda daga farkon yaƙi zuwa ƙarshensa. Damari ba ta da irin wannan tarin takarda, amma ba a ce ba ta da kome ba. Akwai saƙonnin murya da ke cikin wayoyin mutane, har da na cinikin fansa, waɗanda ke ɓacewa duk ran da waya ta lalace. Akwai takardun karo-karo da a kan rubuta a masallaci. Akwai littattafan bashi na dillalan hatsi da masu sayar da taki, waɗanda za su nuna shekarar da aka daina noma gonakin nesa. Akwai waƙoƙi da habaici na mata a garuruwan da aka yi gudun hijira. Akwai kuma tsofaffin rahotannin haraji na Di'o-Di'o a ma'adanar takardu ta Kaduna, waɗanda za a gwada da su a ga inda burtali da mashaya su ke a dā. Aikin tattarawa ba baƙo ba ne a Arewa: shirin binciken tarihin Arewa na Jami'ar Ahmadu Bello ya fara tun 1964, Gidan Arewa a Kaduna tun 1970.

Malaman kwalejojin horon malamai su suka fi kowa kusa da wannan aiki, don ɗalibansu 'ya'yan waɗannan garuruwa ne. Amma akwai sharaɗi. Kada a aiki ɗalibi ya yi tambaya a garinsu, inda kowa ya san ubansa. A musanya, na gabas ya je yamma. A ɗauki magana da harshen da aka yi ta, Hausa ko Fillanci, a ajiye muryar kanta, kada a wadatu da fassara. A ji gari, a ji ruga, a ji mata dabam ba a gaban mazansu ba. Sunan mai magana da sunan wanda ya ambata a rufe su a wata takarda dabam, a sa musu wa'adin shekaru kafin a buɗe, domin a ƙasar da bindiga ba ta gama komawa kube ba, rubutaccen suna na iya kashe mutum. Abin da ya fi sauƙin farawa da shi kuwa, wanda ba ya jefa kowa cikin haɗari, shi ne rajistar makarantun firamare na mazaɓar Kazage. A ɗauki ta farkon 2022, a ɗauki ta farkon 2023, a jera sunayen yara, sa'an nan a bi waɗanda suka ɓace daga ta biyun, a tambayi garin da kowannensu ya ƙare.